Tsakanin Rangwame da Ha'inci

Babu ƙarfen da ya taɓa fitowa daga inji daidai wa daida da zanensa. Ko ɗaya. Wannan shi ne abu na farko da ɗakin awo yake koya wa mutum, kuma shi ne ya fi daɗewa yana damuna. Ina aiki a wata masana'anta a Bursa, birnin nan na Turkiyya da ya cika da kamfanonin haɗa motoci da masu ƙera musu sassa. Mu alminiyam muke narkawa mu zuba a mazubi, mu fitar da gidan famfon ruwa, da murfin inji, da ƙarafan da ke riƙe dainamo a jikin inji. Nawa aikin shi ne in gwada abin da aka ƙera da abin da aka zana, in sa hannu cewa ya wuce, ko in ce a mayar da shi tukunya.

Zanen a kwamfuta yake, siffa ce mai tsawo da faɗi da kauri wadda injiniyan kamfanin da ya ba mu kwangila ya gina. A cikinta da'ira cikakkiya ce, shafi kuma a miƙe yake sak. Ba ta jin zafi, ba ta jin sanyi. Shi kuwa ƙarfen ya sha wuta, ya huce, ya ɗan motsa wajen hucewa kamar yadda kowane zubi yake yi. Sai in ɗora shi a kan faifai mai juyawa, in manna masa 'yan farar ɗigo masu baƙin zobe don na'ura ta riƙa gane inda take. In yana ƙyalli in fesa masa farar hoda siririya, don kada haske ya tarwatse a jikinsa. Na'urar takan haska masa ratsi-ratsin shuɗin haske, kyamarori biyu suna kallo ta gefe biyu. Inda jikin ƙarfen ya yi tudu ko kwari sai ratsin ya lanƙwashe, daga wannan lanƙwasar ake lissafa mazaunin kowane ɗigo. Haskawa ɗaya takan kwaso miliyoyin ɗigo. Faifai ya juya, a sake haskawa, har a zagaye shi, sannan manhaja ta ɗinke ɗigon nan da ƙananan alwatika, sai ga ƙarfen ya bayyana a allon kwamfuta har da tabon da mazubi ya bar masa. Manhajar da muke aiki da ita ta kamfanin GOM ce na birnin Braunschweig a Jamus, wanda Zeiss ya saya a 2019. Wasu masana'antun kuwa, manhajar PolyWorks ta Kanada suke amfani da ita.

Daga nan sai a ɗora hoton ƙarfen a kan zane, manhaja ta shafa masa launi: kore inda ya dace, ja inda ƙarfe ya yi yawa, shuɗi inda ya gaza. Ɗakin kansa a digiri 20 ake riƙe shi dare da rana, domin tun 1931 aka yi ittifaƙi cewa a wannan zafin ake awon tsawo. Dalilin a fili yake. Alminiyam mai tsawon mita guda yakan ƙaru da kimanin maikiron 23 a duk digiri ɗaya, maikiron kuwa kashi ɗaya ne cikin dubu na milimita. Ƙarfe mai tsawon santimita 30 da aka kawo da ɗuminsa, ya ɗara ɗakin da digiri goma, ya riga ya ƙaru da kusan kaurin silin gashi. Shi ya sa ba na taɓa kaya sai ya zauna ya huce.

Kore fa ba yana nufin babu kuskure ba. Yana nufin kuskuren bai wuce abin da aka yafe ba. A jikin zane, kusa da kowane awo, akwai ɗan rubutu: wannan rami faɗinsa milimita 20 ne, an yarda ya ƙaru ko ya ragu da 0.05. Wannan rangwamen shi ne ginshiƙin sana'ar ƙira ta zamani. In babu shi, ba mota ɗaya da za ta hau titi.

To, ga tambayar da ta hana ni sakat tun ina sabon shiga. Idan har duk abin da na sa wa hannu yana da kuskure, kuma na san yana da shi, har ma zan iya faɗin girmansa, mene ne ya raba ni da mai tauye mudu? Shi ma ai kaɗan yake ragewa. A ina yafiya take ƙarewa ha'inci ya fara?

Na taɓa kai wa Baffana wannan magana ta waya. Shi ne ya biya mana Risala a zaure muna yara. Na ce, "Baffa, in na shaida cewa kaya ya dace, alhali na san bai dace ɗari bisa ɗari ba, ban yi shaidar zur ba kuwa?"

Ya ce, "Wanda zai saya ya san da haka?"

Na ce, "Shi ya rubuta iyakar da hannunsa, tun kafin a narka ƙarfen."

Ya ce, "To ɗana, ina zur ɗin yake?"

Sai ya tuna mini da babin ciniki, inda aka halatta sayen dilar tufafi a ɗaure bisa takardar da ta siffanta abin da ke ciki. Mas'alar tana nan a Muwaɗɗa ta Imamu Malik: in aka kwance dila aka tarar kayan sun dace da siffar da aka rubuta, ciniki ya tabbata, mai saye ba shi da ja da baya. Ya kuma ce malamai sun daɗe da rarrabe jahilci mai yawa a ciniki, wanda yake ɓata shi, da ɗan kaɗan wanda ba a iya kauce masa. Kana sayen gida ba ka tone harsashinsa ka gani ba, kuma ba wanda ya ce cinikin ya ɓaci. Shari'a ba ta nemi a auna duniya da ma'aunin da duniya ba ta iya ɗauka ba.

Abin da ya ƙara mini natsuwa shi ne ganin cewa garin da nake zaune ma ya san wannan tun da daɗewa. A 1502, zamanin Sarkin Daular Usmaniyya Bayazidu na Biyu, aka rubuta dokar hisba ta kasuwar Bursa, wadda ta ƙayyade nauyi da inganci da farashin kayayyaki irin su burodi da tufafi da fata. Turkawa har yau suna alfahari da ita a matsayin ɗaya daga cikin tsofaffin dokokin ingancin kaya. Hikimarta ita ce hikimar ɗan rubutun da ke jikin zanena: a rubuta iyaka tun da wuri, a fili, kowa ya sani.

Mu koma kan mudun, domin a nan na samu rabin amsata. Ba wanda yake ƙirga ƙwayar gero. In mai awo ya auna mudu goma, babu biyu da za su zo daidai. Wani ya ɗan fi, wani ya ɗan gaza, kuma ba mai kiran wannan tauyewa. Amma wanda ya ɗauki guduma ya ɗan bugi gindin mudunsa ya shige ciki, wataƙila abin da yake ragewa bai kai bambancin da ke tsakanin awo da awo na mai gaskiya ba, duk da haka ya zama mai tauyewa. Kuskuren mai gaskiya yakan faɗa dama ya faɗa hagu, yau a kansa gobe a kan mai saye. Kuskuren maha'inci kuwa gefe ɗaya yake faɗawa kullum, gefen aljihunsa, kuma a ɓoye. Suratul Muɗaffifina da ta yi wa masu wannan hali narko ai siffar da ta ba su ke nan: awonsu na karɓa daban, na bayarwa daban. Saboda haka girman kuskure kaɗai ba ya yanke hukunci. Sai an duba wa ya sa iyakar, yaushe ya sa ta, da kuma wanda ragin yake amfana.

Sauran rabin amsar a gaban allon kwamfuta na same shi, a wani mataki da mafi yawan masu karanta rahotonmu ba su ma san da shi ba.

Kafin manhaja ta shafa launi, dole a fara ɗora hoton ƙarfen a kan zane. Amma tunda ba su zo daidai ba, ta yaya za a ɗora su? In ka haɗa ƙasansu, samansu ya bambanta. In ka haɗa saman, ƙasan ya bambanta. Akwai hanyoyi biyu. Ta farko ita ce ta raba-daidai: manhaja ta yi ta jujjuya hoton tana matsar da shi har sai jimillar tazarar da ke tsakaninsa da zane ta yi ƙanƙanta iyakar iyawa. Lissafin da aka fi sani na yin haka wasu masu bincike biyu na kamfanin General Motors, Paul Besl da Neil McKay, suka wallafa shi a 1992. Lissafi ne mai kyau, kuma yana da amfani sosai in kana son ganin yadda zubi ya karkace gaba ɗaya don a gyara mazubi. Ta biyu ita ce ta madogara: mai zane ya riga ya nuna shafin da ƙarfen zai zauna a kansa da ramukan da za a ɗaure shi da noti, sai a kafe hoton a nan, duk sauran jikin ya faɗi inda ya faɗa.

Wani dare aka kawo mini ƙarafan riƙe dainamo, babbar mota tana jira a bakin ƙofa. Da na kafe na farko a kan madogararsa, sai kunnensa na sama ya fito ja wur: ya kauce da milimita 0.4, alhali 0.25 aka yafe. Na biyu haka, na uku haka. Shugaban masu zubi, dattijo ne da muke kira Usta kamar yadda ake kiran duk gwanin sana'a a nan, ya shigo ya tsaya a bayana yana kallo. Mutumin kirki ne, sahu ɗaya muke tsayawa a masallacin masana'anta, kuma na san abin da ke ransa: yaransa sun kwana a gaban wuta, in kayan nan suka koma tukunya ladan ƙarin aikinsu na watan ya tafi. Bai ce in canza lamba ba. Ba zai taɓa faɗin haka ba. Cewa ya yi, "Injiniya, gwada ɗaya hanyar mana mu gani."

Na gwada, don ya gani da idonsa. Manhaja ta ɗan kishingiɗar da hoton, ta ɗauki rabin laifin kunne ta kai wa gindi. Kunne ya koma 0.2, gindi ya koma 0.2 ta ɗaya gefen, ƙarfen ya zama kore shar daga sama har ƙasa. Babu lamba ko ɗaya ta ƙarya a wannan hoton. Kowane ɗigo an auna shi da gaskiya, na'ura ba ta yi kuskure ba, lissafi bai yi kuskure ba. Da na buga shi na sa hannu, da wuya wani ya tuhume ni, domin layin da ke faɗin hanyar ɗori ƙarami ne a ƙasan shafi, mutane kuwa launi suke kallo.

Na ce, "Usta, inji ba ya raba daidai. Ranar da aka ɗaure gindin nan da noti, a miƙe zai zauna, kunnen kuma ya koma inda yake. Fambel zai riƙa tafiya a karkace, ko kuma a ja kunnen da ƙarfi a ɗaure, ya zauna a takure har ranar da zai tsage."

Ya yi shiru, sannan ya ce, "To a rubuta musu."

Akwai ƙofa ta halal ga irin wannan, kuma kowace masana'anta ta san ta. Sai ka aika wa mai kaya jan hoton yadda yake, ka ce ga abin da ya faru, ga yawan kayan, za ka karɓa a haka ko a narke? Washegari injiniyansu ya amsa. Ya ce ya duba lissafinsa, wannan karon kaɗai zai karɓi duk wanda bai wuce 0.35 ba, sauran a narke, a kuma gyara mazubi. Muka tantance su ɗaya bayan ɗaya, mota ta tafi ba ta cika ba. Abin lura shi ne wasu daga cikin ƙarafan da suka tafi su ne dai waɗanda koren hoton nan zai wuce da su. Ƙarfe ɗaya, kuskure ɗaya, mota ɗaya za su shiga. Amma yanzu mai haƙƙi ne ya yafe, idonsa a buɗe, shi da ya san nauyin da kunnen zai ɗauka. Mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo. Ni ba ni da ikon yafe abin da ba nawa ba.

Tun daga nan na fara lura cewa hanyar raba-daidai ita ce hanyar da zuciya take bi in an bar ta ta yi wa kanta hisabi. Ba ma yi wa kanmu ƙarya kai tsaye. Mun fi ƙarfin haka. Kishingiɗar da hoton muke yi. Mutum ya riƙe kuɗin lebura wata biyu, sai ya tuna ya ba da gudummawa a ginin masallaci, ya tuna yana azumin Litinin da Alhamis, ya tuna maƙwabcinsa ya fi shi muni, ya raba jan nan a kan dukkan rayuwarsa har ya dushe, ya kwanta da kore. Duk abin da ya tuna gaskiya ne. Sai dai ba a nan aka ce a kafe ba. Hadisin nan na Sahihu Muslim da ya siffanta matsiyaci na haƙiƙa yana magana ne a kan mutumin da zai zo da salla da azumi da zakka, amma ya zagi wannan, ya ci dukiyar wancan, ya doki wani, a yi ta ɗibar ladansa ana biya har ya ƙare. Haƙƙin mutane madogara ce. A kanta ake kafe mutum, sannan a ga inda sauran ya faɗa.

Wani zai ce, ai rahamar Allah ta fi duk wani rangwame faɗi, kyawawa kuma suna shafe munana. Haka ne, kuma da wannan nake rayuwa. Wanda ya yini yana ganin cewa babu abin da hannun ɗan Adam ya yi da ya kai zanensa ba zai raina rahama ba. An ɗauke wa mai mantuwa, an rage wa matafiyi salla, an ce marar lafiya ya yi a zaune. Amma duk waɗannan Mai shari'ar ne ya rubuta su, tun kafin a yi aikin. In kuma mutum ya wuce iyaka, ƙofar ita ce dai wadda muka bi a daren nan: ka kai jan hoton yadda yake, ga Allah ta hanyar tuba, ga wanda ka zalunta ta hanyar biya ko neman yafiya. Abin da ba ya halatta shi ne ka yafe wa kanka a madadinsu, bayan ka ga sakamako.

Akwai kuma zalunci ta ɗaya gefen, wanda masu awo ba su cika son a ambata ba. Na ga mai duba kaya da yake ƙin ƙarfe don ya kai 0.22 inda aka yafe 0.25, wai don ya fi tsantseni. Wannan ba tsantseni ba ne. Ya ƙona gumin mutane da wutar lantarki da lokaci a kan iyakar da mai kaya bai sa ba. Haka mai waswasi yake maimaita alwala har jam'i ya wuce shi, haka mai tsanani yake ƙuntata wa iyalinsa a kan abin da Allah Ya sauƙaƙa. Wanda ya matse iyaka da wanda ya faɗaɗa ta, dukansu sun ɗauki alƙalamin da ba nasu ba.

Saura wani abu da ya fi waɗannan ban tsoro, wato ma'aunin kansa ya zama shi ne karkatacce. A watan Afrilu na 1990 Amurka ta harba madubin hangen taurari na Hubble, kuma ba a jima ba aka gane hotunansa ba su fita tas. Babban madubinsa mai faɗin mita 2.4, wanda kamfanin Perkin-Elmer ya goge, yana cikin mafi santsin abin da aka taɓa ƙerawa, amma gefensa ya fi yadda aka zana shafewa da kimanin maikiron 2.2. Binciken da aka yi ya nuna cewa a na'urar da ake gwada shi da ita, an saka wani gilashi ya kauce daga mazauninsa da milimita 1.3. Masu gugar sun yi aiki da matuƙar ƙwarewa har madubin ya dace da ma'auninsu cif, ma'aunin ne bai dace da zane ba. Abin da ya fi tsaya mini a rai shi ne akwai wasu na'urorin gwaji guda biyu da suka nuna matsalar tun madubin yana ƙasa, aka yi watsi da shaidarsu saboda an fi yarda da babbar. Sai a Disamba 1993 'yan sama-jannati suka je suka saka masa madubban gyara.

Shi ya sa na'urata ma ake auna ta. Akwai allon gwaji da nake nuna mata, shi kuma allon yana da takardar shaida daga ɗakin awon da ya fi namu, shi ma nasa ma'aunin yana komawa ga cibiyar awo ta ƙasa da ke Gebze, har a dangana da ma'anar mita kanta, wadda tun 1983 aka ɗaure ta da tazarar da haske yake ci a cikin kashi ɗaya na 299,792,458 na daƙiƙa. Duk wanda ya zauna gaban malamin hadisi ya ji ana jero wane daga wane zai gane wannan tsari. Lamirin mutum ma na'ura ce, kuma yana gocewa a hankali ba tare da ya yi ƙara ba. Mai lamirin da ya goce yana iya zama mai ikhlasi, mai ƙoƙari, mai kwanciyar hankali, kamar masu gugar madubin nan. Abin da zai cece shi shi ne ƙananan shaidun da yake rainawa: matarsa da ta ce maganar nan da ka yi wa yaron ta yi zafi, abokin da ya ce lissafin nan bai yi ba, almajirin da ya yi tambayar da ba a so.

Ko da an kafe a kan madogara, ko da na'ura tana kan daidai, haske a fata yake tsayawa. Zubin alminiyam yakan kama iska a ciki, ya bar 'yan kofofi kamar na soso a ƙarƙashin shafi mai sheƙi, kuma hotona zai nuna shi kore. Hadisi ya zo cewa Annabi, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya wuce tarin abinci a kasuwa, ya cusa hannunsa ciki ya ji danshi, mai kayan ya ce ruwan sama ne ya taɓa shi, sai ya tambaye shi dalilin da bai sa jiƙaƙƙen a sama mutane su gani ba. Mu namu cusa hannun shi ne hoton ciki irin na asibiti, wanda manyan masana'antu suke da na'urarsa, ko kuma zarto. A wajenmu lokaci-lokaci akan ɗauki ƙarfen da ya riga ya wuce awo, lafiyayye a ido, a yanka shi gida biyu, a goge yankan a duba da madubin ƙara girma. Asara ce da aka yarda a yi ta da gangan. Ni da Usta mun yi yarjejeniya a kan wanda zai zaɓi abin yankan: ba ni ba, tunda ni na sa hannu, ba kuma shi ba, tunda shi ya zuba. Yaron da ke tura keken kaya muke kira, ya ɗauko duk wanda hannunsa ya faɗa a kai.